Tirelar da Na Ɓoye a Foldar Burtali

Wannan babin na fi jinkirin rubutawa, har uwarku ta fara tambaya ta ko biron ne ya ƙare. Na san abin da kuka taso kuna ji duk lokacin da kuka je Fakku yawon sallah. Wasu na cewa ubanku ya goge taswirar burtali don ya taimaki wansa, wasu kuma na cewa ya tona wa wansa asiri don ya tsira da kujerarsa. Duka biyun ba haka aka yi ba. Abin da aka yi ya fi su ban kunya, kuma gara ku ji shi daga bakina tun ina da bakin faɗa.

A shekarar ina da hamsin da takwas, ina sakataren wani ɗan kwamitin dattawa mai sasanta manoma da makiyaya tsakanin ƙasar Tambuwal da ta Kebbe. Ofishinmu ɗaki ɗaya ne a bayan kasuwar Tambuwal, da tebur, da benci biyu, da kwamfutar tebur da aka ba mu kyauta, mai aiki da hasken rana. Dukiyar ofishin guda ɗaya ce, taswirar burtali, wato hanyar da shanu ke bi zuwa mashaya ba tare da sun taka shukar kowa ba. Iyayenmu suka zana ta da hannu a shafi goma sha biyu. Kowane shafi yana ɗauke da sunayen itatuwa da rijiyoyin da suka zama iyaka, da dangwalen yatsun waɗanda suka amince. Da kwamfuta ta zo, na ɗauki hoton shafukan da wayata, na zuba su a wata folda na sa mata suna Burtali, ina ta jin kaina na yi abin zamani. Damina mai zuwa rufin ofis ya yi yoyo a kan akwatin takardu, gara ta ƙarasa abin da ruwa ya rage. Wayar kuwa ta daɗe da mutuwa. Ke nan duk duniya babu inda taswirar nan ta saura sai cikin foldar nan, kuma ni na fi kowa sanin haka.

To, ga abin da ba ku sani ba. Tun ina yaro a Fakku ba abin da nake so in zama sai direban tirela. Baffanku Haruna, yayana, wanda ya riƙe ni bayan rasuwar mahaifinmu, ya ce atafau, ya kama hannuna ya kai ni makaranta, shi kuma ya zauna a gona. Na zama malamin ofis, mai hula a tsaye, wanda ake turo wa gaba ya ja salla idan liman bai zo ba. Sai wata rana na je Sakkwato sayen kayan ofis, na tarar da mai shagon yana wani gem a kwamfutarsa. Mutum ne zaune a gaban sitiyarin tirela, titi na tafiya, duwatsu na wucewa, har ƙarar birki ana ji. Na tsaya a bayansa har na manta abin da ya kawo ni. Ya zuba mini shi a filashi, ɗan ma'adanin nan da ake soka wa kwamfuta, na sa a aljihun ciki, na dawo gida ina waige-waige.

Da na zo saka shi a kwamfutar ofis, sai ta tambaye ni inda za ta ajiye fayilolinsa. Nan na yi wayon da ya kashe ni. Na ce a raina, wace folda ce ba wanda ke buɗewa? Shugabanmu, Alhaji Bello, bai san inda ake kunna kwamfutar ba ma, amma baƙi kan zo su taɓa. Foldar wasiƙu ana shiga, ta rahoto ana shiga. Burtali kuwa an shekara biyu ba a leƙa ta ba. Sai na nuna mata Burtali na ce zuba a nan. Alamar gem ɗin da ta fito a fuskar kwamfuta kuma na sauya mata suna zuwa Rahoto na Biyu. Wata takwas na yi ina tuƙi tsakanin azahar da la'asar, ƙofa a sakaye, sauti a ƙasa-ƙasa. Ba zan yi muku ƙarya ba, na ji daɗi. Na iya ja da baya da tirela mai dogon jiki ba tare da na goge bango ba, kuma ban da wanda zan gaya wa.

Ranar wata Alhamis, ana cikin zafin bazara, hadari ya fara haɗuwa yana watsewa, Alhaji Bello ya shigo ofis bai ko zauna ba.

"Malam Umaru, ran Laraba za mu Fakku," in ji shi. "Mutanen Arɗo Buba sun ce an cinye masu burtali gabas ga gari, manoma sun ce ƙarya na. Jiya har an zaro sanduna bakin tafki. In ruwa yas sauka ba mu raba wagga magana ba, jini za a zubar. Malam Nasiru za shi taho da injin buga takardu ran Litinin, shi buɗe foldag ga shi buga muna shafukan duka, kowa shi gani da idonai."

Na ce to, Allah ya kai mu. Yana fita na zauna ina kallon kwamfutar. Malam Nasiru mai shagon gyaran kwamfuta ne a bakin titin Sakkwato, magidanci mai 'ya'ya shida, kuma ɗalibina ne a karatun asuba. Shi ne zai buɗe Burtali ya tarar da tirela a ciki.

Ranar Juma'a bayan an sauko na koma ofis na kulle ƙofa. Na fara da alamar nan mai suna Rahoto na Biyu, na ja ta na jefa a kwandon shara, na zubar da kwandon, na yi ajiyar zuciya. Na ɗauka magana ta ƙare. Sai na ce bari in leƙa Burtali in tabbatar. Ina buɗewa na ga fayiloli ba iyaka, ɗaruruwa, da ƙananan foldodi masu sunaye na haruffa da lambobi, wasu da hoton taya a jikinsu. Ashe alamar da na goge ba komai ba ce illa mai nuna hanya, kayan suna nan inda na zuba su. Hotunan taswirar sun nutse a tsakiyarsu, su ma sunayensu lambobi ne kamar yadda waya ta ba su. Na sa hannu a linzamin kwamfutar zan fara gogewa ɗaya bayan ɗaya, sai tsoro ya kama ni, kar in haɗa da shafi ɗaya na taswira. Ku lura da wannan da kyau, tsoron in ɓata taswirar ne ya sa na nemi hanyar da na ɗauka ta fi tsabta. Na shiga jerin manhajojin da ke kan kwamfutar, na sami sunan gem ɗin, na danna inda aka ce a cire. Wani ɗan akwati ya fito da rubutun Turanci layi uku. Na iya Turanci, da shi na ci abinci shekara talatin, amma ban karanta ba, domin a daidai lokacin na ji kamar ana taɓa ƙofa. Na danna eh.

Ba a yi minti ɗaya ba ta ce ta gama. Na koma in duba Burtali, ban ga Burtali ba. Na duba sama, na duba ƙasa. Na rubuta sunan a wurin nema, ta yi ta juyawa ta ce babu. Na buɗe kwandon shara, wayam. Na kashe kwamfutar na kunna, na sake kashewa na sake kunnawa. Ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba, ko ranar da mota ta kife da mu a hanyar Dogon Daji. A gabana ba allon kwamfuta nake gani ba, bakin tafkin Fakku nake gani, da mutanen da na sani tun suna goye, kowa da sanda.

Asabar na ƙara wauta a kan wauta. Na ce tunda cire gem ɗin ne ya tafi da foldar, watakila mayar da shi zai dawo da ita. Na ɗauko filashi na sake saka shi, na ƙirƙiri sabuwar folda na sa mata Burtali, na nuna masa ita. Tirela ta dawo lafiya lau, taswira ba ta dawo ba.

Lahadi da hantsi uwarku ta ajiye mini kunu, ta dawo ta tarar ya yi sanyi.

"Malam, mi as same ka?" ta ce. "Kwana biyu kana kallon abinci awa ba ka san shi ba. Ko rasuwa anka yi kana ɓoye min?"

Na gaya mata komai. Na zaci za ta yi salati, sai ta zauna a bakin tabarma ta dube ni.

"Wasan mota? Kai da furfurarka?"

Na ce ni da furfurata.

"To, dariya dai sai an yi maka, wannan ba makawa," in ji ta. "Amma dariya ba ta kai kowa asibiti. Tashi ka tai wurin Nasiru tun rana ba ta yi ba. In ka ɓoye mai abin da kay yi, ina za shi san inda za shi nema?"

Na ce zan iya cewa cuta ce ta shiga kwamfutar ta cinye. Ta ce in na faɗi haka, ita ba ta ji ba, kuma kar in sake tambayar ta ruwan alwala. Kun san uwarku.

Malam Nasiru ya saurare ni har na gama, kansa a ƙasa. Na ga kafaɗarsa ta ɗan motsa sau ɗaya, ya danne. Allah ya saka masa. Da na kai wurin da na ce na sake saka gem ɗin, sai ya ɗago, fara'ar ta ɓace.

"Ash, Malam. Wannan na biyun shi ab babba," ya ce. "Irin wanga gem, in za shi fita, ɗakin da anka sauke shi yaka sharewa duka, ba shi tambayar ko akwai kayan wani ciki. Shi ya sa aka ba shi ɗaki nai shi kaɗai. Amma abin da anka goge ba nan take yaka tahiya ba, wurin kawai aka cewa ba kowa. Da ka bar ta kashe, da mun kwaso su duka. Yanzu ka zuba sabbin kaya bisa tsoffi. Kar ka ƙara kunna ta."

Litinin ya kwance cikin kwamfutar, ya ciro ma'adanarta, ya haɗa da tasa a shago. Na zauna a benci tun safe har la'asar, ina jan carbi ban san abin da nake karantawa ba. Hotuna suka riƙa fitowa ɗaya-ɗaya a cikin tarkacen tayoyi da fitilu. Duk wanda ya fito sai in matso in duba. Na ɗaya, na huɗu, na bakwai. Kafin la'asar mun sami goma sha ɗaya cif. Cikon na sha biyun ya fito, amma rabinsa na sama kawai, ƙasan ya zama toka-toka, ba zane ba rubutu. Na duba kan shafin. Shafi na tara ne, gabas da Fakku, daga tsamiyar makabarta zuwa tafki, wurin da ake rigimar. Kuma babbar gonar da ke wannan tsakanin ta yayana Haruna ce.

Malam Nasiru ya dube ni, na dube shi. Na gane abin da ya gane. Ba mahalukin da zai yarda cewa cikin shafi goma sha biyu, wanda ya shafi gidanmu ne kaɗai ya lalace bisa tsautsayi.

Talata da rana sai ga Yaya Haruna a kan babur, an goyo shi daga Fakku. Labari ya riga ya kai can cewa takarda ɗaya ta ɓata, don a Tambuwal ba a yin abu a shago ya kwana a shago. Muka zauna a zaure. Ya tsufa a lokacin, idonsa ɗaya ya fara hazo, tafin hannunsa kamar bayan ƙwarya don noma.

"Ummaru, an ce shafin gabas ya ƙone cikin na'ura," ya ce. "Gaskiya na?"

Na ce rabinsa ya lalace, Yaya.

"To, alhamdu lillahi. Ni ban ce ka yi ba, ban kuma tambaye ka ba. Abin da nika so, gobe in an tambaye ka, ka ce ba ka tuna ba. Shekara hamsin nika noman wurin ga. Geron da kac ci kana makaranta, daga ƙasag ga yaf fito. Ban taɓa roƙon ka komi ba."

Gaskiya ya faɗa, bai taɓa ba. Kuma na tuna shafin. Na tuna shi sarai, domin ni na shimfiɗa shi a tebur na danne gefensa da dutse na ɗauki hotonsa har sau uku kafin ya fito. Layin ya tashi daga tsamiya ya bi ta tsohuwar rijiya, kuma tsohuwar rijiyar nan yau tana tsakiyar geron Yaya. Ba rana ɗaya ya ci burtalin ba, kunya ɗaya yake ƙarawa duk damina, kamar yadda maƙwabtansa ma suke yi. Na ce masa Allah ya kai mu goben. Ya ɗauka na amsa, ya tafi da fara'a, har ya tsaya ya yi wa ƙaramarku wasa a ƙofar gida.

Laraba aka taru a gindin bishiyar ƙofar gidan mai gari. Manoma a dama, makiyaya a hagu, sanduna a jingine inda hannu zai kai. Alhaji Bello ya shimfiɗa shafukan da aka buga a kan tabarma. Arɗo Buba, dattijo ne siriri mai magana a hankali, ya ɗauki na tara, ya juya shi, ya ɗaga shi sama kowa ya ga tokar.

"Sha ɗaya sun tsira, guda ya mutu," ya ce. "Wanda yam mutu shi na na gonar wan sakatare. Malam Umaru, mu ba mu yi boko ba, amma muna kiwon dabba. In kura ta shiga garke tad ɗauki ɗan maraƙi guda, mukan duba sawu."

Bayansa samari suka fara miƙewa. A ɓangaren manoma ma aka miƙe. Na ji wani ya ce a bar su su zo. Na tabbata in na yi shiru na minti ɗaya za a fara. Na tashi tsaye. Na ce jama'a, ni na ɓata shafin nan, amma ba don gona ba. Na faɗi tirela, na faɗi Rahoto na Biyu, na faɗi ƙofar da nake sakayawa bayan azahar. Na faɗa a gaban mutanen da na ja wa salla.

Wani ya ce wannan tatsuniya ce. Sai Malam Nasiru, wanda ya biyo mu da ƙaramar kwamfutarsa, ya ce a ba shi dama. Ashe irin gem ɗin nan ba a wuri ɗaya yake ajiya ba. Kayansa na inda ka sauke shi, amma tarihin wasanka yana kai shi wata ɓoyayyiyar folda can dabam, wadda ko an cire shi tana nan. Ni ban taɓa sanin da ita ba. Ya kwafo ta, ya buɗe a gaban dattawa. Ga jar tirela, ga ranakun da na yi tuƙi a jere wata takwas, ga sunan da na ba kaina a rubuce, Umaru Sarkin Hanya. Ya karanta shi da ƙarfi. Wani tsoho a cikin makiyaya ya fara tuntsirewa, dariya ta kama dama da hagu, har mai gari ya rufe baki da rawani. Na tsaya a tsakiya ana yi mini, kuma wallahi daɗi na ji, don na ga samarin sun koma sun zauna.

Arɗo Buba bai yi dariya ba. Ya jira aka lafa.

"Na yarda wauta ta, ba cuta ba," in ji shi. "To amma shanu ba su shan dariya. Kai kaɗai kag ga shafin ga da idonka kusa-kusa. Mutumin da yaf faɗi wagga kunya bisa kainai, in yaf faɗi iyaka, ni na karɓa. Ina layin yab bi?"

Manoma ma suka ce sun karɓa, don sun san ɗan gida ne ni. Na dubi Yaya. Yana zaune a sahun gaba, ya kafe ni da idonsa mai gani, yana ɗan gyaɗa kai. Ina iya cewa na manta, ba mai kama ni. Amma da na ce haka, kafin magariba an koma bakin tafki.

Na ce, "Daga tsamiyar makabarta ya bi ta tsohuwar rijiya, ya bar ta a hannun dama, ya sauka tafki."

Kowa ya san inda rijiyar take. Aka tashi a yammacin nan aka bi layin da ƙafa ana kafa duwatsu. Gonaki biyar abin ya taɓa, amma ta Yaya ta fi, kusan kashi ɗaya cikin uku, kuma wurin da ya fi taki. Ba a daki kowa ba a shekarar, ba a kuma sake daga baya ba. Ni na ajiye sakatarci da kaina kafin wata ya ƙare, ba kora ta aka yi ba, ku riƙe wannan.

Na kwana a Fakku. Da safe na ari fartanya na nufi gonar, don na ji an ce Yaya ya fita tun da sassafe. Na same shi shi kaɗai a cikin burtalin, yana baje kunyoyin da ya tayar da hannunsa yana jiran ruwa. Na yi sallama ya amsa. Na sunkuya a kunyar da ke kusa da shi na kai sara ɗaya. Ya miƙe a hankali, ya riƙe ƙugu, ya miƙo hannu ya karɓi fartanyar daga hannuna ya ajiye a gefe.

"Bari, Malam," ya ce. "Kar ka ɓata tufafinka. Mota na tashi da hantsi, ka hanzarta."

Tun da aka haife ni bai taɓa ce mini Malam ba. Ya rayu shekara tara bayan wannan, ya zo sunan 'ya'yanku, ya zo duba ni da na kwanta ciwo, bai taɓa ɗaga mini murya ba. Amma har na sa hannu a makararsa, da wannan sunan yake kira na.